Yadda Ake Jinyar Mai Safsis, Daga Awon Farko Zuwa Ranar Sallama

Safsis, wanda mutane da yawa suka fi sani da gubar jini, yanayi ne da garkuwar jiki take wuce gona da iri wajen yaƙar ƙwayar cuta, har yaƙin ya juya ya fara lalata muhimman sassan jikin da ake son karewa, irin su ƙoda da huhu da hanta da ƙwaƙwalwa. Sunan gubar jini yana iya ruɗar da mutum, domin sau da yawa akan yi gwajin jinin mai safsis ba a ga ƙwayar komai ba, alhali ciwon yana can a huhu, ko a hanyar fitsari, ko a cikin ciki, ko a wani rauni na fata. Ma'anar da likitoci suke aiki da ita tun shekarar 2016 ta dogara ne a kan wannan lalacewar sassan jiki. Idan kuma abin ya tsananta har matsin jini ya faɗi ya ƙi tashi duk da an ƙara wa mara lafiya ruwa isasshe, sai da taimakon magani matsakaicin matsin ke kaiwa 65, kuma laktet ɗin jininsa, wato wani tsami da kan taru a jini idan oksijin bai wadaci sassan jiki ba, ya haura milimol 2 a kowace lita, to an shiga matakin da ake kira shok na safsis. An ƙiyasta cewa a shekarar 2017 mutum miliyan 48.9 ne suka kamu da safsis a duniya, miliyan 11 suka rasu, wato kusan ɗaya cikin biyar na mace-macen shekarar, kuma a cikinta ne babban taron Hukumar Lafiya ta Duniya ya zartar da ƙuduri a kan wannan cuta.

Likita yakan zo ya duba ya rubuta magani ya wuce gado na gaba, amma ma'aikacin jinya ne yake tsaye a bakin gadon tsawon sa'o'in da jikin mara lafiya yake sauyawa. Saboda haka duk abin da ke tafe a nan yana komawa ga ɗabi'a guda: a yi abin da ya kamata a kan lokaci, sannan a dawo a duba abin da ya haifar, a kwatanta da awon da ya gabata. Bayanin ya shafi manya ne, domin yara suna da nasu ma'auni, kuma adadin magani a kowane hali sai abin da likita ya rubuta bisa ƙa'idar asibitin.

Gane shi tun bai bayyana sarai ba

A fara da numfashi. Cikin dukkan awon da ake yi a ɗakin marasa lafiya, babu wanda ake yi wa riƙon sakainar kashi kamar ƙidayar numfashi, kuma shi ne yakan riga sauran sauyawa. Wanda ya taɓa buɗe takardar awo ya ga an jera 18 ko 20 daga sama har ƙasa, safe da yamma, ya san cewa ba ƙirgawa aka yi ba. A ƙirga na minti ɗaya cikakke, ba tare da mara lafiya ya san ana ƙirgawa ba, domin da zarar ya sani zai sauya yadda yake shaƙa. Numfashi 22 ko fiye a minti, a jikin wanda ake zargin yana da ƙwayar cuta, dalili ne na tsayawa a duba shi daga kai har ƙafa. Jikin yana hanzarta numfashi ne ko dai don huhun ya fara gazawa, ko don yana ƙoƙarin fitar da tsamin da ya taru a jini, kuma hakan kan faru tun matsin jini yana nan lafiya lau.

Zazzaɓi yana taimakawa idan akwai shi, amma rashinsa ba ya wanke kowa. Tsofaffi, da masu shan magungunan da ke danne garkuwar jiki, da masu karɓar maganin kansa, suna iya zuwa da zafin jiki daidai ko ma ƙasa da digiri 36, kuma sanyin jiki a wannan hali alama ce mafi muni daga zazzaɓi. Bugun zuciya sama da 90 a minti abin lura ne, sai dai mai shan maganin rage bugun zuciya ba lalle ne nasa ya hau ba. Haka nan matsin jini sai an san na mutum na yau da kullum kafin a yi masa hukunci: mai hawan jini da ya saba zama a kan 160, idan aka same shi a 110, ya faɗi sosai ko da lambar ta yi kama da ta mai lafiya.

Sai hankali. Idan ɗa ko matar mara lafiya ta ce tun jiya ba ya magana kamar yadda ya saba, ko yana ta barci, ko yana sambatu, a rubuta wannan a matsayin awo, domin su ne suka san shi kafin ciwon. Ruɗewar da ta zo sabuwa alama ce cewa ƙwaƙwalwa ba ta samun abin da take buƙata. A tambayi yaushe ya yi fitsari na ƙarshe. A taɓa hannuwa da ƙafafu a ji ɗumi ko sanyi, a danna kan yatsa na kimanin sakan biyar har ya yi fari, a saki a ƙirga lokacin da jini zai ɗauka kafin ya dawo. Idan ya wuce sakan uku, jini ba ya isa ƙananan jijiyoyi yadda ya kamata. Littattafai suna yawan ambaton dabbare-dabbaren da ke fitowa a fatar gwiwa, amma a fata mai duhu yana da wuyar gani, don haka a duba tafin hannu da tafin ƙafa da cikin leɓe da cikin fatar ido. Ita ma na'urar auna oksijin da ake maƙalawa a yatsa an tabbatar tana iya nuna lambar da ta fi ta gaskiya a jikin masu fata mai duhu, kuma tana rikicewa idan yatsun sun yi sanyi, saboda haka idan na'ura ta ce lafiya amma mara lafiya yana haki, a gaskata hakin.

Akwai ma'aunai da aka tsara don haɗa waɗannan alamu. Mafi sauƙi shi ne qSOFA, wanda ke duba abu uku: numfashi 22 ko fiye, matsin jini na sama 100 ko ƙasa, da sauyin hankali. Ƙa'idojin gamayyar Surviving Sepsis Campaign na 2021 sun hana a dogara da shi kaɗai wajen tantancewa, domin yana barin mutane da yawa su wuce ba a gane su ba. NEWS2, wani ma'aunin da ke ba kowane awo maki sannan a haɗa jimilla, wanda aka fitar a Birtaniya a 2017, ya fi shi kamawa. Maki 5 a kansa na nufin a kira likita cikin gaggawa a kuma yi tunanin safsis, maki 7 ko fiye na nufin a kira tawagar agajin gaggawa. Ko da maki bai kai ba, damuwar ma'aikacin jinya da ya san mara lafiyarsa ta isa dalilin kira.

Shi kuma kiran, a tsara shi kafin a ɗaga waya. A faɗi wane ne mara lafiya da abin da ke faruwa yanzu, a faɗi abin da ya kawo shi, a karanta awon tare da na sa'o'in baya, sannan a furta kalmar a fili: ina zargin safsis, ina buƙatar a zo a duba shi yanzu. Wanda ya ce jikin mara lafiya ya ɗan yi wani iri, za a ce masa ana zuwa. A rubuta lokacin da aka fara zargi da lokacin da aka kira, domin daga nan ne agogo ya fara ƙirga.

Sa'ar farko

A shekarar 2018 gamayyar da aka ambata ta haɗa ayyukan farko wuri ɗaya ta ce a fara su cikin sa'a guda: auna laktet, ɗibar jini don gwajin kalca kafin a ba da antibayotik, ba da antibayotik mai faɗin aiki, fara ƙarin ruwa ga wanda matsin jininsa ya faɗi ko laktet ɗinsa ya kai 4, da fara maganin ɗaga matsin jini idan ruwa bai wadatar ba. Mutum ɗaya ba zai iya duka a lokaci guda ba, don haka a nemi hannu tun da wuri, a raba aikin da suna.

A sa kanula biyu masu faɗi, wato ƙananan robobin da ake sawa a jijiya don shigar da ruwa da magani, tun jijiyoyi ba su ɓuya ba. A ba da oksijin idan awonsa ya yi ƙasa, ana neman kashi 94 zuwa 98 ga yawancin manya, ko 88 zuwa 92 ga masu daɗaɗɗen ciwon toshewar huhu waɗanda yawan oksijin ke cutarwa.

Gwajin kalca, wato rainon ƙwayar cuta daga jini don a gane ta a san maganin da ke kashe ta, yana lalacewa ne galibi a hannun mai ɗiba. A goge fata da maganin kashe ƙwayoyin cuta na kilohekzidin mai barasa, a bari ta bushe da kanta, kada a sake taɓa wurin da yatsa don laluben jijiya. A goge bakin kwalba. Kowace kwalbar manya tana buƙatar jini mililita 8 zuwa 10, kuma ƙarancin jinin da aka zuba yana cikin manyan abubuwan da ke sa gwajin ya dawo babu komai. Ana ɗibar saiti biyu daga wurare daban, a rubuta lokaci da wurin, a kai ɗakin gwaji nan take ba tare da an sa a firji ba. A haɗa da fitsari, da majina, da mugunya idan akwai. A ƙasashen da ake fama da zazzaɓin cizon sauro a yi gwajinsa, amma ganinsa a jini bai kore yiwuwar ƙwayar bakteriya tana tare da shi ba. Idan ɗibar jinin ta yi wuya har za ta jinkirta magani sosai, magani ne a gaba.

Ƙa'idar 2021 ta ce mai shok, ko wanda alamun safsis suka yi ƙarfi a kansa, ya sami antibayotik nan take, cikin sa'a guda da ganewa. Wanda ake shakka a kansa kuma ba ya cikin shok, a hanzarta bincike, idan zargin bai gushe ba a ba shi cikin sa'a uku. Tsakanin alƙalamin likita da jijiyar mara lafiya akwai tazara mai tsawo, kuma ma'aikacin jinya ne ke rufe ta. Allurar farko ba ta jiran zagayen rabon magani, ba ta jiran a kai mara lafiya ɗakin hoto ko a sama masa gado a wani sashe. A tambayi ko akwai maganin da jikinsa ba ya karɓa, a kuma tambayi me ya faru lokacin da ya sha shi, domin tashin zuciya daban, kumburin fuska da sarƙewar numfashi daban. Idan an rubuta antibayotik biyu kuma layi ɗaya ke akwai, wato hanya guda ta shigar da magani jijiya, a fara da mai faɗin aiki wanda ke shiga da sauri, a bar bankomaisin, mai cin sa'a guda ko fiye, ya biyo baya. Allura ta biyu ma a sa mata ido, domin ita ce ta fi ɓacewa idan aka sauya wa mara lafiya sashe.

Laktet da ya haura 2 ana maimaita shi bayan sa'a biyu zuwa huɗu. Saukarsa alama ce mai kyau, tsayuwarsa ko hawansa kuwa magana ce da za a kai wa likita ba tare da jiran zagaye ba.

Ruwa magani ne, yana da adadi kuma yana da illa

A safsis jijiyoyin jini suna saki suna buɗewa, bangonsu kuma yana yoyo, sai ruwan da ke cikinsu ya tsiyaye zuwa cikin nama. Shi ya sa ake ƙarin ruwa, kuma shi ya sa ruwan da aka ƙara ba ya daɗewa a inda ake so. Shawarar da aka saba ita ce mililita 30 ga kowane kilo na nauyin jiki cikin sa'a uku na farko, wato mililita 1,800 ga mai kilo 60. An fi son ruwan Ringa mai laktet da makamantansa a kan ruwan gishiri zalla, an kuma hana amfani da ruwan sitaci saboda yana lalata ƙoda. Abin lura shi ne a 2021 an sassauta ƙarfin wannan shawara ta mililita 30, kuma akwai dalili. A wani bincike da aka yi a Lusaka ta Zambiya aka buga a 2017, manya masu safsis da aka bi da su da tsarin ruwa mai yawa sun fi mutuwa a asibiti, kashi 48 cikin ɗari, idan aka kwatanta da kashi 33 na waɗanda aka yi wa jinyar da aka saba. Kafin nan, a 2011, binciken FEAST da aka yi a kan yara fiye da 3,000 a Kenya da Tanzaniya da Yuganda ya nuna cewa ɗura ruwa da sauri ya ƙara yawan mace-mace. Duka biyun an yi su ne a wuraren da na'urar taimakon numfashi ta yi ƙaranci, inda idan huhu ya cika da ruwa babu abin ceto.

Darasin da ke nan ga mai jinya a bakin gado shi ne kada a rataya leda a buɗe a tafi. A ba da ruwan kashi-kashi, mililita 250 zuwa 500, kuma bayan kowane kashi a dawo a duba: shin matsin jini ya motsa, bugun zuciya ya sauka, yatsa ya fi saurin dawowa da jini, hankali ya ɗan dawo, fitsari ya fara zuwa? A daidai lokacin a duba ɗaya ɓangaren: numfashi ya ƙaru, oksijin ya sauka, ana jin ƙarar ruwa a ƙasan huhu, jijiyoyin wuya sun cika? Idan alamun farko ba su motsa ba kuma na biyun sun fara bayyana, a rage gudun ruwan, a ɗaga kan gado, a kira likita. Mai ciwon zuciya, da mai ciwon ƙoda, da tsoho, da mai juna biyu da ke da hawan jini, sun fi kowa saurin cika. Akwai gwaji mai sauƙi da ake yi kafin a ƙara wani ruwan: a kwantar da mara lafiya daga kishingiɗe zuwa miƙe, a ɗaga ƙafafunsa zuwa digiri 45, jinin ƙafafun ya gangaro zuwa zuciya kamar an yi masa ƙaramin ƙarin ruwa na ɗan lokaci. Idan abin da zuciya ke turawa ya ƙaru cikin minti guda, akwai alamar zai amfana da ruwa, kuma ana sauke ƙafafun komai ya koma yadda yake.

Lambar da ake bi ita ce matsakaicin matsin jini, kuma ko na'ura ba ta nuna shi ba ana iya lissafa shi: a ninka na ƙasa sau biyu, a haɗa da na sama, a raba uku. Mai 88 bisa 46 matsakaicinsa 60 ne, bai kai 65 da ake nema ba. Ita kuma ƙoda, fitsari ne ke ba da labarinta. Mai shok ana sa masa robar fitsari a auna duk sa'a, ana neman aƙalla rabin mililita ga kowane kilo a sa'a, wato mililita 30 ga mai kilo 60. Takardar shiga da fitar ruwa ta ƙunshi komai, har ruwan da aka narkar da magani a ciki, da amai, da gudawa, da abin da ke fita ta bututun tiyata, kuma a haɗa jimilla a ƙarshen kowane duti. Bayan kwana ɗaya ko biyu matsalar takan juya ta zama ta yawan ruwa, kuma wannan takarda ce kaɗai za ta nuna lita nawa suka taru.

Noradirenalin

Idan ruwa bai ɗaga matsin jini ba, maganin farko shi ne noradirenalin, wanda ke matse jijiyoyin da suka saki. A da ana jira sai an sa babban layi a jijiyar wuya ko ta ƙirji, amma ƙa'idar 2021 ta yarda a fara shi na ɗan lokaci ta kanula mai kyau a lanƙwasar gwiwar hannu ko sama da ita, maimakon a bar mara lafiya cikin shok ana jira. Ba a sa shi a ƙananan jijiyoyin bayan hannu.

Wannan magani yana buƙatar famfon allura, da layinsa shi kaɗai mai ɗauke da suna a rubuce. Ba a tura wani magani ta layin, ba a kuma wanke shi da sauri, domin abin da ya rage a cikin bututun zai shiga gaba ɗaya ya harba matsin jini sama. Aikinsa a jiki yana gushewa cikin 'yan mintuna, saboda haka sirinji na gaba ya zama a haɗe yake kafin na yanzu ya ƙare. Mara lafiyar da sirinjinsa ya ƙare ana neman makullin kabad zai iya faɗuwa kafin a dawo. Lokacin da ake daidaita adadin, idan babu layin awo na cikin jijiya, a auna matsin jini kamar duk minti biyar har ya zauna. A duba wurin kanula aƙalla duk sa'a, a nemi fari ko sanyi ko kumburi ko zafi. Idan maganin ya zube a ƙarƙashin fata yana iya kashe naman wurin, don haka a tsayar da shi a wannan layi, a mayar da shi wani nan da nan, kada a zare kanular sai an zuƙo abin da za a iya, a yi wa wurin alama, a kira likita, wanda zai iya yin allurar fentolamin, mai buɗe jijiyoyin da suka matse, a kewayen. A riƙa duba yatsun hannu da na ƙafa, domin matsewar jijiyoyi na iya hana su jini. In an zo ragewa, a rage sannu a hankali.

Idan adadin yana ta hawa, likita zai iya ƙara basofiresin, wani maganin matse jijiya, ya kuma fara haidirokotizon, mai taimaka wa matsin jini ya tashi, miligiram 200 a yini, galibi 50 duk sa'a shida. Da zarar an fara wannan na ƙarshen a sa ran sukarin jini zai hau.

Duk wannan riƙe mara lafiya ne kawai ake yi kafin a kawar da tushen ciwon. Maruru mai mugunya sai an fasa, hanjin da ya huje sai tiyata, ragowar mabiyiya a mahaifa sai an kwashe, layin jijiya ko robar fitsarin da ta kamu da ƙwayar cuta sai an cire. Sau da yawa mai yi wa mara lafiya wanka ne ke fara ganin tushen, don haka a buɗe kowane bandeji, a juya shi a duba baya da ɗuwawu da tsakanin yatsun ƙafa, musamman mai ciwon sukari.

Kwanakin da ke biyo baya

Wanda ya tsallake daren farko yana fuskantar haɗarin kamuwa da sabuwar cuta daga asibitin kansa. Wanke hannu kafin taɓa shi da bayan taɓa shi, da goge bakin layi kafin kowace allura, da tambayar kullum ko har yanzu ana buƙatar wannan roba da wancan layi, su ne kariyarsa. Bayan sa'a 48 zuwa 72 a tunatar da likita sakamakon kalca, domin a koma ga antibayotik da ya dace da ƙwayar da aka gano. Antibayotik irin su jentamaisin da bankomaisin suna taɓa ƙoda, a bi awonsu a jini da awon aikin ƙoda.

Wanda ke kan na'urar taimakon numfashi a ɗaga kan gadonsa digiri 30 zuwa 45, a tsaftace bakinsa a kai a kai, a kuma auna tsawonsa da tef, domin iskar da ake hura masa, mililita 6 ga kowane kilo idan huhu ya lalace, ana lissafa ta ne da nauyin da ya dace da tsawonsa. Ana fara insulin idan sukari ya kai miligiram 180 a desilita, wato milimol 10 a lita, amma faɗuwar sukari ta fi hawansa saurin kisa, kuma awon tsinken yatsa ba abin dogaro ba ne a yatsun da jini ba ya isa, gara a ɗiba daga jijiya. Ana ƙarin jini galibi idan himogulobin, wato awon ƙarfin jini, ya sauka ƙasa da giram 7 a desilita. Ana fara ciyarwa ta ciki cikin sa'a 72 idan hanji yana aiki, ana ba da allurar hefarin don hana gudan jini a jijiya in babu zubar jini, kuma zubar jini daga dasashi ko wurin allura abu ne da za a kai rahoto nan take. Fatar mai shok tana saurin mutuwa, ga kumburi ga maganin matse jijiya, don haka a juya shi kamar duk sa'a biyu gwargwadon yadda jikinsa ya jure, a ɗage dugadugansa daga katifa, tun gyambon kwanciya bai fara ba.

Ruɗewar hankali a wannan mataki tana da fuska biyu. Mai fizge-fizge da cire layi kowa yana ganinsa, amma wanda ya yi shiru yana kallon sama shi ake mantawa, ana cewa ya sami natsuwa. A gwada hankalinsa a kowane duti, a faɗa masa rana da wurin da yake, a mayar masa da tabaransa, a rage haske da hayaniya da dare, a kula da zafin ciwo, a zaunar da shi a bakin gado da zarar likita ya yarda. Muryar danginsa tana yin abin da allurar barci ba ta yi. Su kansu dangin a yi musu bayani da kalmomi masu sauƙi, a faɗa musu gaskiyar cewa ciwon yana da haɗari kuma yana iya juyawa cikin sa'o'i, a kuma buɗe maganar abin da mara lafiya zai so a yi masa tun yana da sauran lokaci.

Wajen miƙa aiki, a ba wanda zai karɓa alkiblar da mara lafiya yake tafiya: ruwa nawa ya shiga, fitsari nawa ya fita, noradirenalin hawa yake ko sauka, yaushe ne antibayotik na gaba da laktet na gaba, kuma wace lamba ce idan aka gani za a kira likita.

Da yawa daga cikin waɗanda suka warke suna fita da raunin jiki, wasu da mantuwa ko rashin barci ko firgici da kan ɗauki watanni, kuma komawa asibiti a watannin farko abu ne da ake yawan gani. Kafin sallama a zauna da mara lafiya da wanda zai kula da shi a gida, a koya musu alamun da za su dawo da shi ba tare da jira ba: zazzaɓi ko rawar ɗari, saurin numfashi, ruɗewa, da raguwar fitsari. A tabbata kalmar safsis tana rubuce a takardar sallama, tare da ranar da zai gama antibayotik da ranar dawowa ganin likita. A kuma bi jerin magungunansa ɗaya bayan ɗaya, domin na hawan jini da na sukari da aka dakatar lokacin shok suna buƙatar a faɗa masa ranar da zai ci gaba da su, waɗanda aka fara don zaman asibiti kawai, kamar na kare ciki da na barci, a tambayi likita ko za a tsayar da su kafin ya fita.